Farin Ƙyallen Adda

Asabar, 1 ga Safar, bayan la'asar

Na buɗe sanduƙi zan zuba ganyen darbejiya saboda gara, sai yatsana ya ji kalmasa a bakin ƙyallen. Na Adda ba shi da kalmasa. Shekara arba'in da ɗoriya allura ba ta taɓa shi ba.

Bari in rubuta yadda aka yi tun zuciyata ba ta fara gyara maganar don ta wanke ni ba. Duk shekara idan ruwa ya ɗauke nakan fito da likkafanin mahaifiyata in shanya bayan ɗaki, ya sha iska. Na rubuta sunansa sau ɗaya, ba zan sake ba. A gidan nan farin Adda muke cewa. Kamu talatin ne, ba a yanka ba. Kaka bakwai ta yi tana yankan riɗi a gonakin Gadambaliya kafin ta tsallaka teku daga Sawakin, kuma da hannunta ta tsoma shi a Zamzam, ta shanya a kan duwatsun Makka.

Ranar Laraba na shanya shi. Ranar nan kuma na wanke farin yadin da na sayo wa Ummusalama, 'yar ƙanena Sale, na rataya a igiya ɗaya. A Hartum ta tashi wajen dangin uwarta, can ta yi karatun zane. Wata biyu ke nan tana nan da na'urar ɗaukar hoto, wai tana aiki a kanmu, mu da iyayenmu suka zo da ƙafa daga yamma. Ta ce tana son farin yadi dogo. Kwana biyu na yi ina kalmashe mata bakinsa don kada ya zare. Na ce mata, "Naki na kan igiya," na tafi karantar da mata. Da magariba ta kawo jiki na sauke wanda ya rage cikin sauri, ban shafa ba, na rufe sanduƙi.

Duk yarinyar da ta tashi a unguwar nan ta san abin da farin da ba a kalmashe ba yake nufi.

Lahadi, 2 ga Safar, da hantsi

Na je nadi, gidan ƙungiyar matasa, inda suka ba ta zaure. Yana nan, a miƙe a bango daga wannan kusurwa zuwa waccan, an kama shi da ƙananan ƙusoshi. Ta ja baƙin layi a tsakiyarsa, yana hawa yana sauka, da sunayen garuruwa da ajami. Haɗeja, Yarwa, Lami, Abeshe, Jinena, Fashir, har Mafaza, har Gadarif. Ni na koya mata rubuta su. Tawadar ma ni na dafa, da ƙaro da baƙin tukunya, irin wadda nake ba ɗalibaina. Na ƙara mata ƙaro don ta ce tana son ta kama sosai.

Na ce, "Ummu, kin san abin da kika rataya?"

Da na gaya mata sai ta zauna a kan buhu. Sannan ta ce, "Wallahi Gwaggo ban sani ba. Ya fi ɗayan laushi, shi ya sa. Ma'alesh."

Ma'alesh. Kamar ta taka min ƙafa a kasuwa.

Na ce ta sauke. Ta ce taron nuna aikin ranar Juma'a ta sama ne, an buga takardun gayyata, mutane za su zo daga Hartum. Ta ce in ba ta kwana goma sha biyu. Na ce kakarta ba ta cin kisra tun makon jiya, sai kunu, shi ma cokali huɗu. Ta ce, "Haboba ta fi mu ƙarfi duka." Ta ce za ta sayo sabo, ta nemo jarkar Zamzam wajen masu dawowa daga umara, ta jiƙa.

Ban ɗaga murya ba. Masu gadi biyu na ƙofa suna shan gahawar jabana, kuma in maganar nan ta fita, kafin azahar ta kai kunnen Adda.

Litinin, 3 ga Safar, bayan azahar

Na kira Sale. Ana jin ƙarar tarakta a bayansa. Ya ce, "Yaya, ku mata ku sasanta, riɗi na zubewa a gona, ba ni da hannu biyu." 'Yarsa ce. Uwarsa ce.

Talata, 4 ga Safar, da safe

Ƙafafun Adda sun ƙara kumbura. Likita ya ce a ci gaba da ƙwayoyin, bai kalli idona ba.

Laraba, 5 ga Safar, bayan la'asar

Yau na yi abin da ban taɓa yi ba.

Duk shekara bayan shanya takan ce a kawo mata ta taɓa. Na san tafe take. Da sassafe na ɗauki reza na warware kalmasar da na yi kwana biyu ina yi, na tsince zaren ɗaya ɗaya, na goge bakin da dutsen guga, na turara shi da sandal. Ina yi ina sane. Ba mantuwa, ba kuskure, ba wanda ya tilasta ni. In ɗalibata ta zo ta tambaye ni hukuncin wannan na san abin da zan ce mata.

Ta tambaya bayan azahar. Na ɗora mata a cinya. Idonta ba ya gani sosai yanzu, yatsunta ne ke gani. Ta bi bakinsa da babban yatsa, a hankali, ta dawo, ta sake bi. Ta kai shi hanci.

Ta ce, "Batulu, ya sha iska?"

Na ce, "Ya sha."

Ta ce, "To, mayar."

Ya sha iska, ai gaskiya ne, shi ma a igiyar yake. Tun ɗazu nake gaya wa kaina haka. Astagfirullah.

Juma'a, 7 ga Safar, da hantsi

Ummusalama ta shigo tana dariya a waya, ta durƙusa ta gai da kakarta, ta shafa mata mai a ƙafa. Da kyau ta shafa, ba zan zalunce ta ba. Ni kuwa na fita na tsaya wajen randa har ta tafi. Na wanke moɗa sau uku, ba abin da ya same ta.

Asabar, 8 ga Safar, bayan la'asar

Na gaya wa Fatsuma. Dole wani ya sani, kuma ita ce ke wanke matan unguwar nan idan lokacinsu ya yi, a hannunta zai ƙare ko ta yaya. Ta ajiye tsintsiya ta dube ni.

Ta ce, "Malama, ke da kike duba ƙwaryar mutane ko da ƙuda ya faɗa, ke ce kika bar na Makka da na kasuwa a igiya ɗaya?"

Na ce ni ce.

Ta ce, "To a karɓo a wanke mana. Ba tawadar allo ba ce? Kullum kuna wanke ta kuna ba mu muna sha."

Na nuna mata guntun yadin da na gwada jiya. A kan allo takan fita tas. A kan yadi takan bar toka-toka, kamar sawun maciji. Sabulu uku na yi. Kuma ko ta fita, me zai fita tare da ita? Adda ba ta taɓa bari ɗigon ruwa ya taɓa shi ba, shi ya sa ba a shanyawa sai sama ta bushe ƙaf. A wurinta ruwan Makka na nan cikin zaren. Na san abin da na karanta, ban ga inda aka ce sai da wannan ba. Fari mai tsarki ya wadatar. Amma ba ni na yanki riɗi kaka bakwai ba.

Fatsuma ta ce, "Ƙasa dai ba ta karatu, Malama." Ta ga fuskata, ta ce, "Yi haƙuri. Bakina ne." Ta tafi ta dawo da kunun gyaɗa. Adda ta sha cokali shida.

Lahadi, 9 ga Safar, da azahar

Na koma nadi. Wannan karon ta riga ni magana. Ta ce in zauna in ji ta sau ɗaya. Na zauna.

Ta ce ranar da ta je neman takardar ɗan ƙasa, mutumin ya dubi sunan kakanta ya ce ta kawo wanda zai shaida inda aka haifi kakan kakanta. Ta ce a makaranta in an yi faɗa kalma ɗaya ake jefa mata, Fallatiya, wato baƙuwa 'yar yamma. In ta zo nan kuma matan unguwa su ce Balarabiyar Sale, su yi dariyar Hausarta. Ta kai ni ƙarshen layin, ta nuna min baƙin ɗigo babba kamar tafin hannu, an rubuta Gadarif a ƙasansa.

Ta ce, "Ku kullum a hanya kuke, Gwaggo. Shekara tamanin kuna cewa mun yada zango. Ni na gaji. A nan na tsayar da shi. Mun iso, halas, an gama."

Sai ta faɗi abin da har yanzu yake ci na. Ta ce tun da ta san ko mene ne ƙyallen, aikin ya ƙara nauyi. Ta ce yanzu ne ya zama gaskiya.

Na ce, "Kina jin daɗi ke nan."

Ta ce ba haka take nufi ba.

Ban ɗaga murya ba. Na tashi na gyara lulluɓin tobina na fito. A hanya na wuce gidanmu ban sani ba, sai da na kai bakin kasuwar hatsi, masu dako suna ce min Hajiya matsa.

Litinin, 10 ga Safar

Ba komai. Wanki, kunu, ƙwayoyi.

Laraba, 12 ga Safar, bayan asuba

Numfashin Adda ya canza jiya da yamma, ya dawo. Ina zaune ina lissafin abin da zan yi in ajali ya zo kafin Juma'a. In tafi nadi in fasa ƙofa? In miƙa wa Fatsuma na kasuwa in yi shiru? Ɗiya na zaune gefen uwarta tana roƙon Allah Ya jinkirta, ba don tana son ta ƙara kwana da ita ba, sai don a gama wasa. Ga inda yarinyar nan ta kai ni.

Na karanta abin da na rubuta. Ba ita kaɗai ta kai ni ba.

Juma'a, 14 ga Safar, bayan magariba

Na je. Na bar Fatsuma da Adda, na ce zan duba wata mai jego. Ƙarya ta biyu. Ta fi ta farko sauƙin fita, wannan ya ba ni tsoro.

Sun toshe tagogi da buhunan dawa don a sami duhu. Zauren ya cika, har da maza masu jallabiya daga kasuwa da 'yan Hartum masu tabarau. Na zauna can baya. Ta fito ba takalmi, da ƙwarya a kai, ta bi bango daga Haɗeja tana tafiya kamar wadda ta kwana biyu ba ta sha ruwa ba. Duk garin da ta kai sai ta tsaya ta juyo ta tambayi mutane, da Hausa sannan da Larabci, "Mun iso?" Da farko dariya aka yi. Wajen Jinena wani tsoho a gabana ya amsa a hankali, "Tukuna." Daga nan duk zauren ya ɗauka. Tukuna. Tukuna. Da ta kai baƙin ɗigon ta tambaya, sai aka rasa mai amsawa. Ta sauke ƙwaryar ta tsaya. Matar da ke kusa da ni tana share ido da bakin tobi.

Ba zan ce bai taɓa ni ba. Zai zama ta uku.

Sai suka kunna fim, suka haska shi a kan ƙyallen. Tsofaffin unguwa ɗaya bayan ɗaya, kowa na ba da labarin hanya. Sai ga Adda. Fuskarta ta cika bango, ɗaukar watan jiya ce, lokacin tana da sauran kumatu, tana dariya tana ba da labarin jakinsu da ya ƙi shiga Abeshe sai da aka rufe masa ido. Mutane na dariya tare da ita. Ni kaɗai da yarinyar muka san a kan me fuskar take.

An tafa. Na fito kafin a cire buhunan.

Asabar, 15 ga Safar, da hantsi

Kwana goma sha biyun sun cika. Ba ta kawo ba. Ta aiko saƙo a waya, wai mutanen Hartum na roƙon ta kai shi can mako biyu kawai, tana tunani.

Tana tunani.

Na ɗauki mayafi zan tafi, kuma yau da na ɗaga murya, na san da na ɗaga. Ina bakin ƙofa Adda ta kira ni. Ta ce gobe in kira mata 'yar Sale. Ta ce, "Ta zo min da kayana."

Lahadi, 16 ga Safar, bayan la'asar

Mun fito da ita rumfa a kan angarib, gadonta na igiya, ni da Fatsuma. Na shimfiɗa tabarmi huɗu a jere don kada ya taɓa ƙasa. Ummusalama ta shigo da shi a rungume, idonta ya kumbura. Ta fara magana, Adda ta ɗaga hannu.

Ta ce, "Shimfiɗa. Batulu, karanta min."

Na karanta. Duk garin da na faɗa sai ta gyaɗa kai. A Lami ta ce, "Nan aka sace mana tukunya." A Fashir ta rufe ido, na san can suka bar uwarta. Na ce Mafaza. Na ce Gadarif. Na tsaya.

Ta ce, "Sai ina?"

Ummusalama ta ce, "A nan ya ƙare, Haboba."

Adda ta ce, "Ke kika ƙare a nan. Ni na wuce." Fatsuma ta tuntsire da dariya ta rufe baki. Adda ta ce, "Bayan Gadarif ɗin taki akwai fari?"

Akwai. Ta ce in auna. Na auna da hannuna daga gwiwa zuwa yatsa, sau biyu don kada in yi kure. Kamu goma sha biyu.

Ta ce, "Yage."

Na ce, Adda, guda bakwai kika auna wa kanki, wannan uku zai bayar, da ƙyar. Ta ce, "Da na auna talatin buhun riɗi nake ɗauka a kai. Dube ni yanzu. Fatsuma, uku ba za su rufe ni ba?" Fatsuma ta ce, "Har da canji, Adda." Ta ce, "To. Baƙin ku riƙe, ku masu son zama."

Na kafa haƙori a bakinsa na yage. Ƙararsa ta fi yadda na zata. Yarinyar ta durƙusa ta kifa kai a bakin gadon tana kuka, Adda ta ɗora mata hannu a ka, ta ce ranar farko ba ta sani ba, wannan ba komai, amma sauran kwanakin ta je ta yi magana da Ubangijinta.

Na ɗauka an gama. Ina naɗe farin sai ta juyo wajen da take jin motsina.

Ta ce, "Ke kuwa kin sani tun farko. Kika zauna kika warware ɗinki, kika sa min a hannu. Ramin allura ba ya rufewa, Batulu. Kwana goma sha ɗaya ina jira ki faɗa."

A gaban Fatsuma. A gaban yarinyar.

Litinin, 17 ga Safar, da safe

Na ce ta yafe min. Ta ce in ba ta ruwa.

Talata, 18 ga Safar, bayan azahar

Ummusalama ta dawo da kayanta gidan. Ba ta je Hartum ba. Tana dama kunu, ya yi gudaji, na karɓa na tace. Ita aka ɗora wa hannu a ka. Shekara ashirin da biyu nake juya matar nan a gado duk sanda ta kwanta ciwo, ni aka ce in ba da ruwa.

Na san wannan hassada ce. Na rubuta don in gan ta.

Laraba, 19 ga Safar, bayan la'asar

Ina yanke mata farce ta riƙe min yatsa. Muryar ta yi ƙasa, sai da na sunkuya.

Ta ce, "Kalmasarki ta fi ƙaryarki kyau."

Na ce na ji.

Ta ce, "Kar ki ƙara. Ba ki da hannunta." Ta saki yatsan ta yi barci.

Sale ya iso da yamma, da ƙaiƙayin riɗi a gashinsa.

Alhamis, 20 ga Safar

Bayan asuba. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Asabar, 22 ga Safar, da hantsi

Mata sun ɗan ragu, na sami wuri. Ɗaya ne nake son in rubuta.

Mu uku muka shiga. Fatsuma na wankewa, ni ina juyawa, Ummusalama na zuba ruwa daga buta. Fatsuma ce ta ce ta shigo, ba ni ba. Har yanzu ba mu yi magana ba, ni da yarinyar, ban da miƙo wannan, riƙe wancan. Ban san yaushe ba. Baƙin rabin yana ɗakinta a naɗe, ban tambaya ba.

Uku sun rufe ta. Ta san jikinta.

Da na ɗauko na ƙarshe, wanda ya fito daga wajen yagewar, na ga abin da ban gani ba ranar Lahadi. Alƙalamin yarinyar ya zarce. Bayan baƙin ɗigon layin ya ci gaba kaɗan, siriri, bai kai tsawon ɗan yatsa ba, kuma ya biyo cikin farin. Reza na kan taga. Tsaga ɗaya ce, ba wanda zai ji.

Fatsuma ta ce, "Malama, miƙo, maza na jira."

Na juya wannan bakin wajen ƙafafu, na miƙa mata.